Fentin jirgin ruwa a wurin alwala: yadda ta kaya a wani masallacin Nima

Saura kaɗan a tayar da sallar asuba wani dattijo ya zame a wurin alwalar masallacinmu. Ya wanke ƙafar dama, ya ɗaga ta hagu zai ɗora kan dakali, sai wadda ya dogara da ita ta tafi da shi. Allah ya taƙaita abin, ƙugu bai taɓu ba, amma wuyan hannu ya karye, ya yi wata biyu da ɗauri. Da gari ya waye na je na tsuguna inda ya faɗi. A ido siminti ne kawai da ya ɗan yi duhu. Da na shafa yatsa sai na ji kamar an zubar da miyar kuɓewa. Wannan faɗuwar ce ta jefa kwamitin masallaci cikin maganar fenti har damina uku. Ni ne sakataren kwamitin, kuma gwajin ruwa nake yi a wani ƙaramin kamfanin fiyawata, saboda haka kusan duk takardar da aka karanta da duk gwangwanin da aka buɗe sun bi ta hannuna.

Masallacin yana cikin lungunan Nima, unguwa a birnin Akra na ƙasar Gana, a gangaren da ke sauka zuwa babbar gotar da ke tsakaninmu da Mamobi. Wurin alwalar doguwar rumfa ce ta kwano, famfo goma sha biyu a jere, dogon dakalin zama, da 'yar buɗaɗɗiyar kwata mai fitar da ruwan waje. Bangon da famfunan suke jiki, bayansa gidan haya ne, banɗakinsu ma da shi ya jingina. Rana ba ta leƙa wurin sai dab da azahar, shi ma leƙen tsoro. Duk mazaunin Akra, ko Ankara kamar yadda iyayenmu ke cewa, ya san ruwan famfon da ake turowa daga matatun Kpong da Weija ba kullum yake isa kowane lungu ba, don haka tanki biyu gare mu: na siminti a ƙarƙashin ƙasa mai tara ruwa ranar da famfo ya kawo, da farin na roba a sama wanda inji ke cikawa. Ruwan nan fa ba na wanke ƙafa ba ne kaɗai. Da shi ake kurkurar baki a shaƙa a hanci, 'yan makaranta suna kafa kai a famfo su sha, ranar da unguwa ta bushe kuma matan maƙwabta suna zuwa da jarkokin nan da ake ce wa galan ɗin Kufuor su ɗiba.

Kowa a kwamitin gansakuka yake ce wa matsalar, alhali abu huɗu ne suka haɗu a rumfa ɗaya. Koren da ke bin bango da cikin farin tanki, ita ce gansakuka ta gaskiya. Kamar tsiro take, da haske da ruwa take rayuwa. Baƙin ɗigo-ɗigon da ke can sama kusa da kwano funfuna ce, ita ba ruwanta da haske, danshi take so, ƙura da shi kansa fentin take ci. Sai farin gishirin da ke kumbura fenti a gindin bango, wanda ba shi da rai ma, ruwa ne ke hawowa ta cikin bulo ya bushe ya bar shi. Na huɗun, yauƙin da ya kayar da dattijo, shi ne ba a gani, shi ne kuma ya fi taurin kai.

Ko ka wanke siminti tas, da ruwan alwala ya bi ta kansa, cikin 'yan mintuna maiƙon jiki da yawu da ragowar sabulu sun shimfiɗa masa wani siririn mayafi. A kan wannan bakteriya ke sauka. In suka samu wurin zama sai su fitar da wani abu mai danƙo su gina gida a cikinsa, su hayayyafa, kafin 'yan kwanaki ya zama shimfiɗa. Irin dattin nan da mutum ke ji da harshe a haƙoransa in ya tashi barci bai yi asuwaki ba, to danginsu ɗaya. Gidan nan kuwa garkuwa ne: ruwan Parazone, bilicin nan mai kulorin, da ke gamawa da bakteriyar da ke yawo a ruwa, in an watsa shi kan yauƙi na sama-sama yake ƙonawa, na ƙasa suna nan lafiya lau. Haƙori ba ya fita da kurkura sai an goga. Na faɗi haka tun zaman farko, amma gogewa aikin kullum ce, fenti kuwa sau ɗaya ake biya, to ka san wanda zai fi shiga kunnen ma'aji.

Sai aka sayo fenti mai maganin funfuna a wani shago, ya fi na gama-gari tsada sosai. Mai fenti ya kankare abin da ya kankaru, ya shafa hannu biyu cikin yini ɗaya, ana ta alwala a gefensa. Wuri ya yi kyau har samari na ɗaukar hoto. Irin wannan fentin ba ƙarya ba ne, ana zuba masa magungunan kashe funfuna da gansakuka, irin su karbendazim da diyuron da wanda ake kira OIT. Amma maganin da ke daskare a cikin fenti ba ya kashe komai, sai ya narke kaɗan-kaɗan ya fito fuskar bango sannan ya yi aiki. Ke nan abin da ke sa shi aiki shi ne ke ƙarar da shi. A bangon ɗaki mai ɗan danshi yana iya kai shekaru. A bangon da ake fantsama wa ruwa sau biyar a rana, wanke shi ake yi. Ruwan Mayu da Yuni ya kankama, kafin ya ɗauke kore ya dawo har tsayin gwiwa, gindin bangon kuma ya yi bororo yana ɓarewa, don an rufe jiƙaƙƙen siminti, danshin ciki ya rasa ta inda zai fita. Can sama dai, inda ruwa ba ya kaiwa, fentin ya riƙe, gaskiya ɗaya ce.

Jan fentin Baba Alhaji

A cikin dattawanmu akwai wanda duk muke ce wa Baba Alhaji. Ya yi shekara talatin da ɗoriya yana gyaran jiragen kamun kifi a Tema. Ya sha ganin jirgi an ɗago shi daga ruwa ƙasansa ya yi gemu: ciyawar teku, da ƙananan halittu masu kaifin ɓawo da ke liƙewa kamar an kafa su da siminti, sai da ƙarfe ake ɓamɓare su. Ba shafa wa labari shuni yake yi ba. Hukumar sufurin teku ta Majalisar Ɗinkin Duniya, IMO, ta ce ƙasan jirgin da ba a kare ba yana iya tara kilo 150 na wannan tarkace a kowace murabba'in mita cikin ƙasa da wata shida, kuma kaɗan daga ciki ma yana iya ƙara shan mai har kashi 40 cikin ɗari. A 1761 sojan ruwan Ingila suka gwada lulluɓe ƙasan jirgi da fallen jan ƙarfe saboda tsutsar da ke cin katako, sai suka tarar ya hana gemun ma. Jan fentin da ake gani a ƙasan jirage yau jikan wancan fallen ne: gari ne da ake samu daga jan ƙarfe, ake dama shi cikin danƙon da aka tsara ya riƙa zaizayewa a hankali cikin ruwan gishiri, kullum sabuwar fuska mai guba tana bayyana.

Lissafin Baba Alhaji mai sauƙi ne: fentin da ya yi maganin teku, kwatar alwala ce za ta gagare shi? Wata Asabar ya hau motar haya, trotro, zuwa Tema ya dawo da manyan gwangwani biyu, ragowar wani aiki, da kuɗin aljihunsa. Bai jira zaman kwamiti ba, ya sa samari suka shafe kwatar da gindin dakali tsakanin isha'i da asuba. Warin tina, ruwan da ake tsinka fenti da shi, ya kwana uku a rumfar. Da sati biyu suka wuce kwata na nan ja wur, ba ɗigon kore, sai ya kawo shawara a zama: a kwashe ruwan tankin ƙasa, a shafe cikinsa da gwangwani na biyu, a huta da wankin tanki.

Na ɗauki gwangwanin na juya shi. Rabin takardar ya yage, amma alamar tana nan, jan murabba'i tsaye kan kusurwarsa, a ciki ga mataccen kifi ga busasshiyar bishiya.

Na ce, "Baba, Allah ya ƙara girma, wannan ba na ruwan sha ba ne."

"Ɗana, jan ƙarfe ne fa. Bututun ruwan gidajen Turawa da me ake yin shi?"

"Da shi ne, Baba."

"To?"

Tambayar ba ta banza ba ce. Jiki ma yana buƙatar jan ƙarfe ɗan ƙanƙani, kuma Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa iyakarsa a ruwan sha miligiram 2 a lita. Sai dai bututu an yi shi don ya riƙe ƙarfensa, fentin jirgi kuwa an yi shi don ya saki nasa. Ba lalacewa ba ce, aikinsa ke nan. A teku abin da ya saki bajewa yake yi. A tankinmu babu inda zai je sai buta. Kuma ba jan ƙarfe kaɗai ne a ciki ba, ana ƙara masa wasu magungunan don ciyawar da jan ƙarfe ba ya kamawa sosai, ga tina mai ƙarfi. Ita kanta shafawar haɗari ce: yaron da zai sauka rami mai ƙofa ɗaya da buɗaɗɗen gwangwani, tiririn na iya sumar da shi kafin ya kai tsani.

Baba Alhaji ya ce ai wannan ma ruwa-ruwa ne, fentin da suka yi aiki da shi suna samari shi ne fenti, jirgi ya yi shekara biyar bai yi gemu ba, aka hana shi don kawai a sayar da mai rauni. Na gane wanda yake nufi: TBT, wani haɗi na kuza da ya bazu a duniya daga shekarun 1960. Kan ƙarfinsa Baba ya yi gaskiya. Amma ba kasuwa ce ta kore shi ba. A ƙarshen shekarun 1970 masu kiwon kawa, wata halittar teku mai ɓawo da ake ci, a gaɓar Arkashon ta Faransa suka ga ɓawon kawarsu yana nakasa, ƙananan ba sa rayuwa, da aka bi sawu sai aka tarar da fentin jiragen shaƙatawa da ke tsaye a wurin. A 1982 Faransa ta hana shi kan jiragen da ba su kai mita 25 ba. An kuma gano yana sa matan wasu dodon-koɗin teku su fitar da gaban namiji har su kasa haihuwa, a ma'aunin da bai wuce nanogiram kaɗan a lita ba, nanogiram kuwa kashi ɗaya ne cikin miliyan na miligiram. IMO ta ƙulla yarjejeniyar hana shi a 2001, ta fara aiki a Satumbar 2008.

Ina cikin wannan tarihi na lura rabin zauren agogo suke dubawa, la'asar ta gabato. Kawar Faransa ba ta dami kowa ba. Wanda ya kashe maganar Malam Liman ne, da tun farko bai ce uffan ba.

"Sakatare, in aka shafa, ruwan zai canja launi, ko ɗanɗano, ko wari?"

"Allah gafarta Malam, wari kam babu makawa."

"To Alhaji, ka ji. Abin da muka karanta tun muna yara shi ne, ruwan da ya canja saboda gansakukar da ta tsiro a cikinsa, ko saboda daɗewa, ko saboda ƙasar da yake kwance a kai, alwala da shi ta yi. Wanda ya canja saboda abin da aka ɗauko aka sa masa, ko da mai tsarki ne, ya fita daga ruwan ibada. So kake mu kori abin da shari'a ta yi wa rangwame da abin da ba ta yi wa ba?"

Baba Alhaji ya ɗan yi shiru, ya ce, "Malam ya gama magana." Hukuncin tsarki Malam ya faɗa, ba na lafiya ba, don ruwa na iya halatta ga alwala ya kuma sa yaro zawo. Shi ma bai ce a bar tanki da datti ba. Amma abin da na yi rabin awa ina kewayawa, da tambaya ɗaya ya tsare shi.

Kwatar da aka riga aka shafe ita ta zama mana ɗakin gwaji ba da niyya ba. Watan farko kwalliya ta biya kuɗin sabulu. Daga nan ƙorafi ya fara: ranar Juma'a mutane suna tashi da ja a dunduniya da bakin farar riga. Ɓangaren da ke bushewa tsakanin salla da salla ya tsattsage ya koma gari. Fentin jirgi zaman cikin ruwa yake so, ruwan gishiri kuma, da jirgi mai tafiya da zai riƙa goge masa fuska. Jiƙa-bushe na ruwan daɗi da kumfar sabulu ba muhallinsa ba ne. Abin da ya fi ɗaure wa mutane kai, yauƙin ya dawo a kan jan fentin kansa. Ko a jirgi ma jan ƙarfe ya fi iya korar masu ɓawo. Siririn yauƙin nan yana hawa kansa, in ya yi kauri ma ya rage fitar maganin. Baba Alhaji da bakinsa ya ce sun sha wanke shi daga jiragen da fentinsu bai tsufa ba.

Ga kuma inda jan ruwan ke tafiya. Kwatarmu tana faɗawa babbar gota, ita ta kai kogin Odaw, Odaw ta kai tafkin Korle, daga nan sai teku. Ba zan ce gwangwaninmu ɗaya ne zai kashe Korle ba, wanda ya san irin gurɓatar da ta riga ta yi dariya zai yi. Amma agwagin maƙwabta a bakin kwatar suke kiwo, yara kuma nan suke tsallakewa ba takalmi. Muka cire shi. Na hana a goge da samfefa a bushe ko a ƙona da wuta, don ƙurar da hayaƙin sun fi fentin da ke kwance haɗari. A jiƙe aka kankare, da safar hannu, aka tattara ɓawon cikin gwangwanin da ya fito aka rufe.

Mai feshin azurfa

Ana cikin haka wani saurayi mai kwat da jaka ya zo, irin sana'ar da ta yi kasuwa tun koronar 2020. Feshi ne, in ji shi, mai ƙwayoyin azurfa da ido ba ya gani, a fesa wa famfo da ƙofa da bango sau ɗaya, wata shida ba ƙwayar cuta. Ya miƙo takardar ɗakin gwaji mai cewa 99.9 cikin ɗari. Na duba lambar gwajin, ISO 22196. Na san shi. Ana ɗiga ruwa mai bakteriya kan ɗan guntun abin da aka shafa, a rufe da siririyar leda don kada ya bushe, a ajiye a zafin digiri 35 cikin danshi mai yawa har awa 24, sannan a ƙirga waɗanda suka rayu. Azurfa a jiƙe take aiki, an kuwa ba ta yini da kwana a jiƙe ba mai taɓa ta. Kan famfonmu kafin minti biyu wani hannun ya sake kama shi. Na tambaye shi sakamakon bayan an dirje wurin da soso sau ɗari, da bayan maiƙo ya hau kai. Ya ce zai tambayo ofishinsu. Ba mu sake ganinsa ba, kuma in faɗi gaskiya ba tambayata ce ta hana kwamiti saye ba, farashin ne.

Zuwansa dai ya sa na kalli famfunanmu da kyau. Huɗu tsofaffi ne na tagulla tsirara, tun ginin farko, sauran na roba ne da masu ƙyalli da aka sa daga baya. In ka sa yatsa a bakin na roba, baƙin yauƙi za ka ciro. Na tagullar sun dushe, amma santsinsu bai kai haka ba. Ganin ido ne, ba na kafa hujja da shi. Sai dai jan ƙarfe tsirara yana da shaidar da feshin ba shi da ita. A 2008 hukumar kare muhalli ta Amurka ta yi rajistarsa da gaurayensa, irin su tagulla, a matsayin masu kashe fiye da 99.9 cikin ɗari na wasu nau'o'in bakteriya cikin awa 2, ta kuma sa a rubuta cewa ƙari ne a kan tsafta, ba madadinta ba. Sharaɗin, hannu ya taɓa ƙarfen kansa. Famfon tagulla da aka lulluɓe da farin ƙyalli ko aka shafa wa banish, ƙyallin kake taɓawa.

Na bi wasu dabarun da ba su dogara da guba ba. Shafin titaniyom, wanda asalinsa binciken Fujishima da Honda ne a Japan a 1972, yana ƙona datti in hasken rana ya buge shi. Rumfarmu ba rana. Na silikon da wasu manyan jirage ke komawa gare shi ba ya kashe komai, santsi ne da shi har abu ya kasa riƙewa. To a nan gizo ke saƙa. Abin da ke hana yauƙi kamawa shi ne ke hana tafin ƙafa kamawa. Daɓen alwala in ya yi sumul ya kayar da mutum, in ya yi kaushi ya ba yauƙi ramukan ɓuya.

Buta ɗaya ta ruwa

Wanda ya fi mu duka amfani wani magini ne ɗan Tamale da aka kira duba tsagar tanki. Ya ɗebi ruwa buta ɗaya ya zuba a tsakiyar daɓen, ya tsaya yana kallo. Ruwan bai nufi kwata ba. Ya gangara daidai inda dattijo ya faɗi, ya kwanta. Ya ce, "Malam, ruwa ba ya tsami banza. Daɓenku ba gangare." Ya bi bango yana shafawa, ya fasa wani wuri, sai ga bututu yana tsiyaya a ciki, shi ke ciyar da gishirin da koren gindin bango dare da rana, ko an yi alwala ko ba a yi ba. Duk tsawon lokacin nan hoda muke shafa wa gyambo.

Aikin ya ci kuɗin da ya fi na fentin biyu a haɗe, sai da aka yi Juma'a uku ana neman taimako. An fasa daɓen an sake zuba shi da gangare zuwa kwata, aka sa masa tayil mai kaushi. An fito da bututun waje inda ido ke ganinsa. Bango daga ƙasa zuwa ƙirji tayil mai sumul, tunda ba a taka bango. Aka buɗe tazara tsakanin bango da kwano don iska ta ratsa. Daga ƙirji zuwa sama kuwa muka koma wa farar ƙasa, ta laim ɗin nan da ake jiƙawa ta kwana. Wasu sun ga kamar ci baya ne. Amma ɗanyen ruwanta kaifinsa ya haura 12 a ma'aunin pH, wanda ake auna asid da kishiyarsa da shi, funfuna ba ta iya zama a kai, kuma tana barin bango ya yi numfashi, ba ta kulle danshi a ciki. Ita ma ba dawwamammiya ba ce, iska tana cinye kaifin sannu a hankali har ta koma alli. Sai dai arha ce, sabunta ta bai wuce aikin yini guda ba, sau ɗaya kafin azumi, sau ɗaya bayan damina.

Farin tankin sama aka sayar aka sayi baƙi, gansakuka ta mutu da yunwar haske ba a sa mata ko ɗigon magani ba. Na ƙasa aka kwashe aka dirje da buroshi, mutum ɗaya a ciki, biyu a baki riƙe da igiya, magini ya toshe tsagar ya yi masa sumul da siminti. Akwai shafin efoksi da aka yi musamman don ruwan sha, ana gane shi da shaidar NSF 61 ta Amurka ko WRAS ta Ingila a takardarsa, ba da bakin mai shago ba. Shi ma ba kashe ƙwayar cuta yake yi ba, toshe ramukan siminti yake don wanki ya yi sauƙi. Yana son siminti ya bushe sosai kafin a shafa, mu kuwa ba za mu iya rufe tanki makonni ba, ga tsada, sai muka haƙura. Muka cika shi da ruwa mai kulorin miligiram 50 a lita, ya yi yini da kwana, aka zubar, aka ɗauraye, aka yi masa murfin ƙarfe mai kwaɗo.

Sauran aikin na buroshi ne. Manyan ɗaliban makarantar masallaci suna dirje daɓen da kwatar Litinin da Alhamis, da Omo tukuna sannan Parazone. Ladan ne ke riƙe da makullin kayan tun ranar da wani yaro ya so haɗa Parazone da ruwan wankin masai mai asid wai don ya fi ƙarfi, haɗin da ke tayar da iskar kulorin mai shaƙe numfashi. Ba kullum tsarin ke tafiya ba. Makon jarrabawa ko bayan Salla akan tsallake, daɓen kuwa ba ya rufa asiri, kwana huɗu-biyar ka ji ƙafa tana neman tafiya.

Damina biyu ke nan tun bayan aikin, ba wanda ya sake faɗuwa. Layukan tsakanin tayil, da yake na siminti ne, su ne yanzu maɓoyar funfuna. Da na yi tunani da na matsa an sayi manyan tayil don layin ya ragu. Kusurwar da ke jingine da banɗakin gidan haya har yau a jiƙe take, farar ƙasar wurin ba ta wata uku. Maganinta yana ɗaya gefen bangon, mai gidan yana Kumasi, wakilinsa kuma kullum "zan gaya masa".

Gwangwani na biyu, wanda ba a buɗe ba, Baba Alhaji ya mayar da shi Tema ya ba wani mai jirgi. Har yanzu a famfon ƙarshe yake alwala, na tagulla, inda wani ɗan lungu na tsohuwar kwata ya tsira daga guduma da jan fentinsa cikin tsaga, bai fi faɗin babban yatsa ba. Ran nan ina wucewa ya ƙwanƙwasa wurin da sandarsa.

"Sakatare, zo ka duba. Akwai kore a nan?"

Na sunkuya na duba. Babu.